Yadda Za Ka Gina Ƙungiyar Masu Zana Taswirar Wuri da Lokaci a Labarinka

Wata rana bayan la'asar na zauna da wani tsohon masunci a bakin gulbi a Argungu, yana ɗinkin homarsa da ta yage. Na tambaye shi hanyar ruwa zuwa wani ƙauye da nake son sakawa a labarin da nake rubutawa. Ya aje homar, ya share ƙasa da tafin hannu, ya ɗauki tsinke, sai ya dube ni ya ce, "Ɗana, hanyar yaushe kaka so? Ta damana ko ta rani? Ta yau ko ta ƙuruciyata?" Na ce, "Baba, duka." Ya ja layi uku, ɗaya bisa ɗaya, kowanne da inda ya karkata. Ya nuna mini inda kwalekwale ke ratsawa a watan da ruwa ya cika, da inda jaki ke bi idan ya janye, da wani lungu da ya ce can gulbin yake kwana a da, yanzu kuwa shinkafa ake nomawa a wurin. Da aka kira magariba ya miƙe, ya sa ƙafa ya shafe zanen.

A wannan yammacin aka haifi ƙungiyar da ke cikin labarina, wato wasu mutane na ƙirƙira da ke zana taswirar wuri haɗe da lokacinsa, suna kuma ɓoye aikinsu. Marubuta da dama sun tambaye ni yadda ake gina irin wannan ƙungiya har mai karatu ya yarda da ita, shi ya sa na tsara matakan nan. Zan riƙa cewa "ka", amma 'yan'uwa mata da suka cika fagen rubutun nan, da ku nake.

Mataki na farko: ka ɗauki ƙasa kaɗan, ka san ta

Kuskuren da ya fi yawa shi ne marubuci ya ce mutanensa sun zana duniya da sammai bakwai, alhali shi kansa bai san ƙofofin garinsu ba. Ka rage buri. Ka zaɓi yankin da mota za ta ratsa cikin awa biyu ko uku. Ni na ɗauki fadamar da ta taso daga Argungu zuwa Birnin Kebbi, na haɗa da Gwandu da Jega. Ka duba abin da ke cikin wannan ɗan fili. Muhammadu Kanta ya ɓalle daga ikon Songhai a farkon ƙarni na 16, ya gina Surame da ganuwarta ta dutse. Daga baya sarauta ta bar Surame ta koma Birnin Kebbi. A 1805 rundunar Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ta ci Birnin Kebbi, Kabawa kuma suka kafa sarautarsu a Argungu. Ka ga fadar Kabi ta zauna a wuri uku. Da aka ƙirƙiro jihar Kebbi a 1991, kufan Surame sai ya faɗa cikin jihar Sakkwato. Mai zana taswirar da aka ce ya nuna "babban birnin Kabi" dole ya tambaya kamar yadda masuncin nan ya tambaye ni: na yaushe?

In kai ɗan Zamfara ne, naka ya ma fi yawa. Akwai Dutsi, akwai Birnin Zamfara da Gobirawa suka ci a ƙarni na 18, akwai Alkalawa da suka gina a ƙasar Zamfara wadda ita ma ta faɗi a 1808, ga Kiyawa, ga Anka inda sarautar take a yau, ga dutsen Kwatarkwashi tsaye yana kallon duk wannan kai-komo.

Ka taka abin da za ka iya takawa da ƙafarka, amma kada ka shiga daji saboda labari. Halin da hanyoyinmu ke ciki ba ɓoyayye ba ne, kuma babu littafin da ya kai ranka. Inda ba ya shiguwa, ka nemi mutanensa. A Gusau da Anka da Talata Mafara akwai dattawa da 'yan bindiga suka raba da ƙauyukansu, kuma kowanne yana ɗauke da garinsu a ka, rijiya da rijiya, kuka da kuka. Ka je da ladabi da ɗan goro, ka gaida su, ka faɗi gaskiyar abin da ya kawo ka. In sun ƙi magana ka ƙyale su, domin abin da kake kira kayan labari, su ciwo ne a wurinsu.

Mataki na biyu: ka zana taswirar da hannunka kafin ka rubuta kalma ɗaya

Wannan ne matakin da mutane ke tsallakewa, kuma shi ne ƙashin bayan aikin. Ka nemi farin kwali babba guda ɗaya, da takarda shara-shara wadda ake ganin abin da ke ƙarƙashinta kamar falle huɗu, da fensir, da biro kala uku.

A kan kwalin ka zana abin da ba ya motsi kawai: duwatsu, tuddai, gefen kwarin da fadama ke kwance a ciki. Kada ka sa gari, kada ka sa gulbi, domin su biyun tafiya suke yi. Sai ka ɗora falle na farko ka zana yau: kwalta, gada, kasuwanni da ranakun da suke ci, inda ruwa ke bi a bana. A falle na biyu ka koma kafin madatsun ruwa. An gama madatsar Kainji a 1968, tafkinta ya haɗiye tsohuwar Bussa da ƙauyuka da tsibirai masu yawa a ƙasar Yawuri, aka sake wa mutane matsuguni. An gama ta Bakolori kusa da Talata Mafara a 1978, ta canja yadda ambaliya ke sauka a fadamun da ke ƙasa da ita. Duk dattijon da ya haura saba'in ya san ƙasa biyu, ta kafin dam da ta bayan dam, kuma zai bambance maka su. Falle na uku na zamanin da Turawa ba su zo ba ne: ganuwa da ƙofofinta, zangon fatake, mashigin da ake ƙetare ruwa, burtalin shanu. Na huɗu na zamanin da ya fi wannan nisa, gwargwadon abin da ka samu.

Biro kala uku ɗin nan aikinsu dabam. Baƙi na abin da ka gani da idonka ne ko ka karanta a tabbataccen wuri. Shuɗi na abin da aka faɗa maka ne. Ja na abin da ka ƙirƙira ne. Ka riƙe wannan da gaske, domin bayan wata shida za ka manta wanne ne tarihi wanne ne naka, kuma zalunci ne ka jingina wa garin mutane abin da bai faru ba kana kiransa tarihi.

Yanzu ka ɗora fallayen duka, ka ɗaga su ga hasken taga. Ka nemi inda suka saɓa: garin da ke falle na uku amma babu shi a na farko, hanyar da ta nufi wani wuri ta tsaya cik a tsakiyar gona, gulbin da ya bar gadonsa. Kowane saɓani babi ne a littafinka. Mutanen ƙauye suna gane kufai da alamu: kukoki sun taru wuri ɗaya a inda babu gida, tsingaro yana fitowa in an yi huɗa, ramukan karofi sun cushe, tudu ya miƙe ya zagaye fili kamar ganuwar da ta kwanta. Waɗannan alamun su ne idon mutanen ƙungiyarka, sai ka koye su kafin ka ba su.

In kana da kwamfuta, Google Earth yana da sashen tsofaffin hotunan tauraron ɗan'adam, wasu suna komawa har 1984. Ka kalli yadda Birnin Kebbi ko Gusau suka ci gonakin da ke kewaye da su. Don abin da ya fi haka tsufa akwai gidan tarihi na Kanta a Argungu, da gidan tarihi na Waziri Junaidu a Sakkwato, da Gidan Arewa da ma'ajiyar takardun tarihi ta ƙasa a Kaduna.

Mataki na uku: ka ba su ma'aunin da ya fito daga ƙasarsu

Idan mutumin labarinka na zamanin Kanta ya ce "saura kilomita goma" ko "ƙarfe uku da kwata", ka kashe shi. Kakanninmu suna da awonsu. Ƙaramin abu ana auna shi da taƙi da kamu da gaba. Doguwar tafiya kuwa da zango ake ƙirga ta, kuma zango awo ne da ya haɗa wuri da lokaci a kalma ɗaya, tunda shi ne nisan da ayari ke ci a yini kafin ya sauka. Fataken da ke zuwa Gwanja sayen goro, waɗanda da yawansu ke ratsa Jega su ƙetare Kwara, suna da madugu da jagaba, kuma jagaba ya san zango nawa ne tsakanin rijiya da rijiya. Zangon damina ya fi na rani gajarta saboda laka da cikar rafuka. Ka ga tun asali taswirar bafatake tana miƙewa tana tsukewa da yanayi.

Yini kuma da asuba da hantsi da walaha da azahar da la'asar da magariba da lisha ake raba shi. Malamai kan tsaya a rana su auna inuwarsu da tafin ƙafa don gane shigar lokacin salla. Ka fita tsakar gida ka gwada da kanka sau uku a yini har mako guda, ka rubuta abin da ka samu. Ranar da za ka rubuta yadda jarumarka ke auna inuwa, hannunka zai san abin da yake faɗa.

Sai lissafin taurari, wanda har yau manoma da malaman hisabi ke amfani da shi. Taurari 28 ne, kowanne kwana 13, sai Jabha mai kwana 14, jimla 365. Bakwai-bakwai aka raba su ga bazara da damina da kaka da hunturu. Na damina su ne Haƙ'a, Han'a, Zira'a, Nasara, Ɗarfa, Jabha da Harsan. Amfanin wannan lissafi ga labarinka babba ne. Shekarar Hijira ta wata ce, tana gaza ta rana da kimanin kwana 11, shi ya sa azumi ke zagaya yanayi duka cikin kimanin shekara 33. Ruwa da shuka ba sa bin wata. Saboda haka mai taswirarka dole ya rubuta kwanan wata iri biyu a gefen kowane zane, na Hijira don a san shekara, na tauraro don a san inda ruwa yake a ranar. Almajirin da ya manta na biyun zai tura mutane mashigin da ya nutse. Ga kuskuren da zai iya jawo mutuwa a babi na biyar ba tare da ka kira aljani ko ɗaya ba.

Shekarar ma ba da lamba za su rubuta ta ba. Mawaƙan ajami kan rufe waƙa da ramzi, wato kalmar da in aka tara darajar haruffanta sai shekara ta fito. A lissafin da malaman ƙasar nan suka gada daga Magrib, shin dubu ne, ra ɗari biyu, nun hamsin, to kalmar da ta ƙunshi waɗannan uku tana nufin 1250. Ka samu malamin zaure ya koya maka jerin duka, zama ɗaya ya isa. Da shi za ka iya ɓoye shekara a cikin baitin da kowa zai ɗauka yabo ne ko addu'a.

Abin da ya fi komai taɓa ni a wannan fanni shi ne ruwan Kwara. A ƙasar Yawuri kogin yana cika sau biyu. Cikar farko ta ruwan saman yankinmu ce, tana zuwa da laka a ƙarshen damina, ana ce mata farin ruwa. Ta biyu tana isowa a tsakiyar hunturu, sama tas babu girgije, ruwan kuma garau, ana ce mata baƙin ruwa. Wannan ruwan sama ne da ya sauka a tsaunukan Gini watanni da suka wuce, ya bazu a fadamun Mali ya aje lakarsa, sannan ya gangaro. Masuncin da ya sa hannu a kogi a watan Janairu damina ce ta wata ƙasa yake taɓawa, damina da ta riga ta wuce. Ban san wani misali da ya fi wannan nuna yadda wuri ke ɗauke da lokaci ba, kuma a ƙofar gidanmu yake. Mutanen labarina a bakin wannan ruwa suke rantsar da sabon shiga.

Mataki na huɗu: ka samo dalilin ɓoyewa mai nauyi

A kunnen Bahaushe "ƙungiyar asiri" tana kawo hoton matsafa da shan jini. In ba ka yi hattara ba, mai karatu zai tsani mutanenka tun shafi na biyu. Maganin wannan shi ne ɓoyewarsu ta zama amana, irin ta ungozoma da ta san cikin kowane gida ba ta faɗa, ko ta Sarkin Ruwa da ya san abin da bai kamata kowa ya sani ba game da gulbi.

Tarihi ya riga ya ba ka dalili. A 1824 Baturen Birtaniya Clapperton ya iso Sakkwato yana neman sanin inda Kwara ta nufa. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya zana masa hanyar kogin a ƙasa, aka kuma ba shi taswira a takarda, wadda aka buga a Landan a 1826. Taswirar ba ta kai shi bakin teku ba, kuma akwai masu nazari da ke ganin da gangan aka yi haka. A 1830 wasu Turawa 'yan'uwa biyu masu suna Lander suka sauka a Yawuri, suka bi kogin har teku. A 1853 Bajamushe Barth ya zauna a Gwandu yana kwafar littattafai yana rubuta sunayen garuruwa da zangogi. A 1898 Ingila da Faransa suka zauna a birnin Paris, suka ɗora tsinin abin zana da'ira a kan Sakkwato, suka ja baka mai nisan mil 100 suka ce iyaka ce, tun ba su ci garin ba. Sakkwato ta faɗi a 1903. An gyara layin a 1904 da 1906, aka kafa duwatsun iyaka, amma har yau mutumin Kamba da ɗan'uwansa na Gaya, ko na Kangiwa da na Dogon Dutsi, ƙasa biyu suke. Mutanen da suka ga haka da idonsu suna da hujjar cewa taswira makami ce, kuma wanda ya riƙe ta shi ke yanka ƙasa.

In labarinka na wannan zamani ne, dalilin bai tsufa ba. Ka tuna zinaren Zamfara da gubar dalma da ta kashe ɗaruruwan yara a yankunan Anka da Bukkuyum a 2010. Ka tuna burtalan da aka nome da rigimar da ta biyo baya. Wanda ke riƙe da zanen da ke nuna inda arziki yake kwance, ko inda iyakar gona take shekara ɗari da suka wuce, yana riƙe da abin da zai iya sasanta gari ko ya ƙone shi. Ka zaɓi dalili ɗaya ka tsaya a kansa. Ka kuma bar wani a cikin ƙungiyar yana ganin ɓoyewar kuskure ce, domin gardamar cikin gida ta fi maƙiyin waje riƙe mai karatu.

Mataki na biyar: suna, sutura da matsayi

Ka ba su sunan da za a faɗa a kasuwa ba wanda zai waiwaya. Nawa na kira su Ma'auna. Kowa ya san ma'auna masu awon hatsi da mudu da tiya, kuma sana'ar da suke fakewa da ita ke nan, tunda mai awo yana bin kasuwanni ba a tambayarsa dalili. Naka za su iya zama masunta, ko wanzamai, ko dillalai. Matsayinsu ya fito daga aikin: mai share ƙasa shi ne sabon shiga, sai mai igiya, sai mai inuwa, sai mai ramzi. Dokarsu uku ce a wurina. Abin da aka zana a ƙasa a shafe shi kafin a tashi. Ba mutum ɗaya da zai riƙe fallaye duka. Ba a zana wurin da ba a taka ba.

Kada ka bar mata a baya. 'Yan Taru na Nana Asma'u sun nuna cewa mata sun taɓa gina tsarin ilimi da ya ratsa ƙauyuka, jaji tana jagorantar tawaga da malfarta. Mace ta san taswirar da namiji ba zai taɓa gani ba: cikin gidaje, ƙofar baya, wa ya auri wa, daga wane kufai kakar wance ta taso. Kayan aikinsu kuma na zaure ne: alƙalamin kara, tawada, allo, gafaka, da takardar nan ta Italiya mai tambarin wata uku a jikinta wadda malamanmu suka yi rubutu a kai a ƙarni na 19.

Mataki na shida: doka ɗaya ta abin mamaki, da kuɗinta

A nan ƙirƙira ke shigowa, kuma a nan ake zarce gona da iri. Ka ba taswirar iko guda ɗaya tak, ka rubuta shi a jimla ɗaya, ka manna a bango. Nawa shi ne: idan aka haɗa fallaye uku a daidai wurin da suke nunawa, a cikin tauraron da aka zana su, mai riƙe da su zai ga wurin yadda yake a da, har inuwa ta matsa tafin ƙafa ɗaya. Gani kawai yake yi. Ba ya taɓa kowa, ba ya canja abin da ya riga ya faru.

Kuɗin da yake biya shi ne duk gani ɗaya yana ɗauke masa hanya ɗaya daga cikin hanyoyin rayuwarsa. Yau ya manta hanyar gonarsa, gobe ta gidan ƙanwarsa. Babban malaminsu a labarina ya san kowace ƙofa ta Surame, amma jikarsa ce ke riƙe hannunsa zuwa masallacin unguwa. Da wannan farashi, duk lokacin da aka ce a buɗe taswira sai mai karatu ya ji faɗuwar gaba, kuma ba zai tambaye ka me ya sa ba su warware kowace matsala da ita ba.

Gobe kuwa ka bar ta. Masu karatunmu Musulmi ne mafi yawa, ni ma haka, kuma sanin gaibu na Allah ne shi kaɗai. Mutanena suna lissafa abin da lissafi ke kaiwa, kamar shigar tauraro ko zazzaɓin rana irin wanda ya duhunta Gusau da hantsi ranar 29 ga Maris 2006, wanda masana suka san ranarsa tun shekaru kafin ya zo. Amma a ƙarshen kowace gafaka suna aje falle ɗaya fari, ba a taɓa shi da tawada. Mugun da ke cikin labarina shi ne wanda ya so ya yi zane a kansa.

Mataki na bakwai: ka shigo ta ƙofar mutum ɗaya

Duk abin da ka tara a matakai shida ɗin nan, kashi ɗaya cikin goma ne zai fito a rubuce. Kada ka buɗe littafi da tarihin ƙungiya. Ka buɗe da wanda ke neman wani abu da taswira ce kaɗai za ta ba shi. Ga irin shigar da nake nufi:

"Inna ta share ƙasar da bayan ludayi, ta ja layi. 'Nan rijiyarmu take,' in ji ta. Hadiza ta ce, 'Inna, ai jiya can kika sa ta.' Tsohuwar ba ta ɗago ba. 'Jiya ta kakarki na zana miki. Wannan ta uwarki ce.' Daga bakin zaure mai awon gero, wanda ya zo karɓar bashinsa, ya daina kaɗa mudunsa. Ya daɗe yana kallon ƙasar kafin ya yi sallama."

Ba a ambaci ƙungiya ba, ba a yi bayanin doka ba, amma mai karatu ya san mai awon nan ya gane wani abu. Daga nan sai ka riƙa sakin sirrin da kaɗan-kaɗan, kowane sirri a lokacin da jarumar ta biya wani abu kafin ta same shi. Ka bar ta ta yi kuskuren awo. Ka bar ta ta yi fushi da dokar shafe zane ranar da zanen ƙauyensu ne a ƙasa.

Mataki na takwas: littafin ajiya da kunnen dattijo

Yawancinmu kashi-kashi muke sakin labari a WhatsApp ko Facebook ko Wattpad, wani lokaci har wata shida ana tafiya. Ka sayi littafin rubutu mai kauri ka raba shi uku: shafukan wurare da nisan da ke tsakaninsu a zango, shafukan kwanaki da tauraron kowane babi, da shafin da za ka riƙa rubuta hanyoyin da kowane mutum ya riga ya manta. Kafin ka saki kowane kashi ka duba ukun nan. Masu karatu suna lura, kuma wanda ya manta hanyar kasuwa a kashi na 12 bai kamata a gan shi ya je cefane shi kaɗai a kashi na 30 ba.

Idan ka gama babi uku na farko, ka ɗauke su ka koma wurin mutumin da ya ba ka labarin ƙasar, ka karanta masa da baki. Ni na koma wa masuncin nan da nawa. Ya saurara har na kai inda na ce jarumina ya tura kwalekwale da gora a tsakiyar baƙin ruwa, sai ya ɗaga hannu ya ce, "Tsaya, ɗana. Gora ba ta taɓa ƙasa a wurin ga, sai filafili." Na ciro fensir na gyara a gabansa, sannan ya ce in ci gaba.